Ranar Da Na Sa Wa Waldata Jan Fenti

Kwanakin baya na ji Nura a ƙofar gida yana faɗa wa abokansa cewa ubansa ya yi shekara goma sha takwas yana aikin ƙarfe a Riyad, kuma waldarsa ba ta taɓa tsagewa ba. Ban tsawata masa ba, don a bakina ya ji. Na faɗa muku haka tun kuna ƙanana, na faɗa a gaban baƙi, na yi ta faɗa har ni kaina na kusa yarda. To yau zan gyara, tunda ga takarda ga alƙalami, shekaru kuma sun ja. Waldata ta tsage. Wannan takardar shahadar da ke rataye a falo, wadda mahaifiyarku ke goge wa ƙura duk Juma'a, ba don na fi kowa iya walda aka ba ni ita ba. Ku karanta a hankali, kada kowa ya tsallake shafi.

Kun san mu maƙera ne kaka da kakanni. Abin da ba ku tarar ba shi ne yadda kakanku yake gwada aiki. In ya gama ƙirar galma, sai ya rataye ta da igiya, ya ɗan buga ta da masaɓa, ya karkata kai ya yi shiru. In ƙarar ta fita siririya ta daɗe tana tafiya, galma lafiyayyiya ce. In ta fito da 'yar gargada a ƙarshe, sai ya mayar da ita wuta, ko da mai ita na tsaye yana jira. A haka muka tashi, kuma duk garin an san cewa gidanmu kunne muka gada. Ni kuwa na fi duk 'yan'uwana alfahari da wannan kunnen. Da na koyi walda a birni, da Allah ya kai ni Saudiyya, ban bar al'adar ba. Kamfanin da na yi wa aiki yana Birnin Masana'antu na Biyu, muna haɗa manyan ginshiƙai da azarar ƙarfe da ake ɗora rufin makarantu da kasuwanni da ɗakunan ajiya a kansu. Kowane mai walda yana da lambar da yake bugawa a gefen aikinsa, tawa ashirin da bakwai. In na gama walda ta huce, sai in zaro 'yar gudumata daga aljihu in ƙwanƙwasa, in saurara, sannan in buga lamba.

Wurin nan kuwa ƙara ce da ba ta tsayawa, daga injin yanka sai injin gurza sai ƙarfe ya faɗo kan ƙarfe. Kamfani yana ba kowa 'yar roba ruwan ɗorawa ta toshe kunne. Ni tawa a wuya take rataye. In na hango jami'in kula da lafiyar ma'aikata sai in cusa, in ya ba da baya in zare. A ganina maƙerin da ya toshe kunnensa ya daina zama maƙeri. Abokin ɗakina a masaukinmu na unguwar Sulay wani Buzu ne daga ƙasar Damagaram, Agali, kuma kun san wasan da ke tsakaninmu da Buzaye. Kullum sai ya taɓa ni a kan wannan robar.

"Sarkin Maƙera, ka toshe kunnen nan mana. Ko sarƙa aka ba ka ta ado?"

"Kai Buzu, me ka sani a ƙarfe ban da takobin da muka ƙera wa kakanka? Ja can ka dafa min shayi."

Shekara goma sha ɗaya muna wannan wasan, ban sa robar ba.

A shekarar da aka mayar da hutun mako zuwa Juma'a da Asabar, kamfani ya kawo sabon injin walda. Ranar da aka fara kunna shi duk muka ajiye aiki muka zagaye shi. Tabɗijam! Abu ne da ke tafiya a kan layin dogo, yana zuba wani gari kamar yashi a kan gaɓar ƙarfe, wutar kuma tana ci a ƙarƙashin garin, ba tartsatsi, ba hasken da ke kashe ido. In ya wuce aka share garin, sai ka ga walda ta kwanta sumul, daga farko har ƙarshe kauri ɗaya. Ba ya gajiya, hannunsa ba ya rawa, ba ya tsayawa ya miƙe baya. Na tsuguna na shafa waldar da yatsa, na ce Subhanallahi a fili. Wallahi ban ji haushinsa ba a ranar, sha'awa ce ta kama ni da kuma tsoro. Bayan kwana biyu manajan masana'antar, wanda muke kira Mudir, ya tara mu masu waldar hannu. Ya ce kamfani ba zai kori kowa haka kawai ba, za a koyar da mu wata uku, wasu tuƙin inji, wasu duba aiki. Wanda ya ci jarrabawa ya zauna. Wanda ya faɗi za a buga masa kuruj, wato bizar fita ba dawowa. Iƙamarmu kuwa, wato takardar izinin zama, da sunan kamfani take, ba ka isa ka tsallaka maƙwabta ka nemi wani aikin ba.

Na haura hamsin a lokacin. Nura na ajin ƙarshe a sakandare, ke kuma Binta kin samu shiga makarantar jinya kenan. Na kira mahaifiyarku bayan La'asar na faɗa mata.

"Alhaji, yanzu da furfurarka za ka koma aji?"

"To ya zan yi? Ko in dawo gida?"

"Ka dawo ka yi me? Maƙerar gidanku awaki ke kwana a ciki. Ka sayi tabarau dai, don na san ka, sai ka miƙa takarda can nesa kake ganin rubutu."

Malamin masu duba aiki wani injiniya ne ɗan Sudan, Muhandis Tijjani, dogo siriri, bai kai arba'in ba. Ya ji labarin cewa akwai wani tsoho ɗan Najeriya da ke sauraron ƙarfe, sai ya ce a sa ni a ajinsa. Na ji daɗi ƙwarai, na ɗauka ya gane gwani ne. Ranar farko ya ajiye faranti biyu na ƙarfe a kan tebur, kowanne da walda a tsakiya.

"Ya Hajji Haruna, ɗaya daga cikinsu yana da tsaga a ciki. Nuna mana wanne ne."

Na miƙe da taƙama, na zaro guduma. Na buga na farko, na karkata kai irin na kakanku. Na buga na biyu. Na sake bugawa. Duk ɗaya nake ji, wani dum dum mara wutsiya. Sai kawai na nuna na dama, na ce wannan ne. Muhandis bai yi dariya ba, amma 'yan aji sun yi. Ya ɗauko wani ɗan akwati mai gilashi a gaba, wanda bai fi rediyon hannu girma ba, da igiya mai ɗan kai kamar murfin kwalba. Ya shafa wa ƙarfen wani mai mai yauƙi, ya ɗora kan, ya fara ja a hankali. A kan gilashin akwai koren layi a kwance. A farantin dama layin bai motsa ba. A na hagu kuwa, yana isa wani wuri, sai layin ya yi tsalle ya miƙe tsaye.

"Kun taɓa leƙa rijiya kun yi kira?" in ji shi. "Muryar takan je ƙasa ta dawo. Wannan akwatin kira yake yi a cikin ƙarfe, da wata siririyar murya da kunnen ɗan Adam ba ya ji. In ba komai a hanya, sai ta je bango ta dawo. In akwai tsaga, daga nan za ta juyo, akwatin kuma ya faɗa maka zurfin wurin."

Allahu Akbar! Na manta da kunyar da na sha. Na matsa har numfashina na taɓa gilashin. Wato abin da kakanku yake yi da igiya da masaɓa, wasu bayin Allah sun zauna sun gano asalinsa, sun zuba shi a akwati, har yana nuna maka ciwon da yatsa. Na roƙe shi ya sake, ya sake. Na ce ya ba ni in ja da hannuna, layin ya sake tsalle a daidai wurin.

A makon ne aka kai mu asibitin ma'aikata a gwada ido da kunne, don ƙa'idar aikin ce. Aka sa ni a wani ɗan ɗaki, aka rufe min kunnuwa da abin sauraro, aka ba ni maɓalli aka ce duk lokacin da na ji ƙara in danna. Na ji 'yan kaɗan masu kauri, na danna. Daga nan na zauna ina jira a ci gaba, sai kawai aka buɗe ƙofa aka ce an gama. Likitan ya nuna min takarda, layi ya taho daidai sannan ya gangara ƙasa. Ya ce magana ina ji, amma siraran sautuka sun tafi a kunnuwan biyu, ba kuma za su dawo ba. Ya ce abin ya yi shekaru, ya tambaye ni ko ina sa abin toshe kunne. Na ce masa wani lokaci. Siririn sautin nan shi ne duk abin da nake saurare a ƙarfe. Na fito na zauna a kan dakalin asibitin cikin zafin rana, na yi kuka, ni da furfurata. Kunnen da na ƙi toshewa don in kiyaye gadon gidanmu, da hannuna na kashe shi. Ban faɗa wa mahaifiyarku ba, ban faɗa wa Agali ba. Amma akwai tambayar da na ƙi yi wa kaina a ranar, wato tun yaushe nake ƙwanƙwasa aiki ina cewa lafiya lau alhali ba na jin komai.

Duba aiki da akwati ido yake so ba kunne ba, don haka aka bar ni a aji. Na sayi tabarau a kasuwar Utaiƙa, na sayi littafin rubutu. Lissafin kusurwa ya ba ni wuya sosai, rabona da lissafi tun firamare. Ranar Juma'a in mun dawo masallaci sai in baje takardu a kan tabarma, Agali yana shayi yana tsokana.

"Ɗan makaranta, a kawo maka alawa? Wallahi in ka faɗi, raƙumana za ka je ka yi wa kiwo."

"Kai da aka ba ka inji mai maɓalli uku kake ta zufa? Rufe min baki in yi karatu."

A hankali hannuna ya saba. Na gane bambancin tsallen da tsaga ke sa layi ya yi, mai tsini, da na kashin maƙera da ya maƙale a cikin walda, mai ɗan faɗi. Kullum na ɗora kan akwatin a kan ƙarfe sai in ji kamar an buɗe min ƙofar ɗakin da na yi shekara arba'in ina zagayawa ta waje. Muhandis Tijjani ba ya ɓoye komai. Duk abin da ya sani sai ya zana a allo, ya ce wanda bai gane ba ya tambaya. Mu a gidanmu sirrin ƙira sai ɗa, shi ma sai ya girma. Wannan ma ya ba ni mamaki.

Ranar jarrabawar hannu, da safe, Muhandis ya ce ba a aji za a yi ba. Ya kai mu fili inda aka jera azarar ƙarfe da aka gama, ana jiran motocin da za su kwashe su zuwa wani ginin makaranta. Ya rubuta lambobin layi a 'yan takardu, kowa ya ɗauki ɗaya. Aka ba kowa akwati da gwangwanin jan fenti. In ka sami aibi ka zagaye wurin da ja, ka rubuta zurfinsa. Agali na kusa, don an sa shi juya ƙarafan da injin ɗaga kaya. Ina isa wurin tawa azarar, tun ban duba lamba ba na gane aikin. Mutum ya san waldarsa kamar yadda ya san rubutun hannunsa. Na share ƙura, ga ashirin da bakwai. Har na yi murmushi, na ce yau Allah ya kawo min sauƙi. Na shafa mai, na yi bisimilla, na fara ja. Gaɓa ta farko lafiya, ta biyu lafiya. A ta uku, wurin da azarar za ta zauna a kan ginshiƙi, layin ya miƙe tsaye, mai tsini.

Na ɗage kan, na goge, na sake shafa mai. Ya sake miƙewa. Na zagaya ta ɗaya gefen, nan ma haka. Na tuna ranar da na yi wannan waldar, na tuna na ƙwanƙwasa ta, na karkata kai, na buga lamba. A makon nan Mudir yake rubuta sunayen masu zama da masu tafiya, ga shi zan kai masa shaida da hannuna cewa mai lamba ashirin da bakwai yana sakin aiki mai tsaga. Muhandis na can nesa wajen wani ɗalibi. Agali ya sauko ya tsaya a bayana, ya kalli gilashin, ya kalli lambar. Bai yi wasa ba ranar, bai ma kira ni Sarkin Maƙera ba.

"Haruna, matsa gaba. Ba wanda ya gani."

"Na gani ai."

"Ka tuna da yaranka. Ƙarfe ne ƙato, ba abin da zai same shi."

"Makaranta za a kai shi, Agali."

Ba zan yi muku ƙarya ba, na matsar da kan akwatin gaba, layin ya kwanta, na tsaya ina kallonsa a kwance. Na yi tunaninki Binta da fararen kayan makarantarki da aka riga aka ɗinka. Ban san minti nawa na yi a haka ba. Sannan na dawo da shi baya, na girgiza gwangwanin, na zagaye wurin da ja. Na rubuta zurfin a gefe, na ɗaga hannu na kira Muhandis.

Ya zo ya gwada da kansa. Ya aika aka kira Mudir, aka kawo mai injin ƙwaƙule walda. Ma'aikata suka taru. Mutumin ya fara cin waldar kaɗan kaɗan, Muhandis na aunawa. Sama lafiya, ƙasa da haka lafiya, ƙarfe fari tas. Zuciyata har ta fara cewa ko akwatin ne ya yi kuskure. Suna isa daidai zurfin da na rubuta, sai ga ta, baƙar tsaga siririya kamar gashi, tsawon ɗan yatsa. Ba ta kauce wa jan fentin ba ko kaɗan. Wani ɗan Pakistan a bayana ya yi kabbara. Ni ma, da aikina ne ake tonawa a gaban jama'a, bakina buɗe yake don mamaki. Abu yana kwance a cikin duhun ƙarfe, ba ido ba kunne da zai kai gare shi, amma ga shi an je an same shi kamar an ba da adireshi. Mudir ya duƙa ya karanta lambar, ya ɗago a fusace.

"Wane ne ashirin da bakwai?"

"Ni ne."

"Wa ya sa jan fentin?"

"Ni ne."

Mudir ya juya ya tafi. Kwana uku ba wanda ya ce min komai. Na fara ɗaure kayana a ɗaki. Agali ya daina tsokanata, wannan ya fi komai tayar min da hankali. Rana ta huɗu Muhandis ya kira ni ofis ya ce na ci, za a mayar da aikin da ke kan iƙamata zuwa mai duba ƙarfe. Shahadar da ke falo ta wannan jarrabawar ce. Amma Mudir ya kafa sharaɗi biyu. Ba zan sake riƙe abin walda a kamfanin ba, kuma aikina na farko shi ne in bi duk ƙarfen da ke fili mai lamba ashirin da bakwai. Na tambayi Muhandis ko da gangan ya haɗa ni da aikina.

"Wallahi ban sani ba, ya Hajji. Ƙuri'a ce. Da ka wuce wurin, da jibi ƙarfen yana kan mota."

Na yi sati uku ina bin waldata gaɓa gaɓa. Yawancinta lafiyayyiya ce, alhamdu lillahi, hannuna bai lalace ba. Amma na sami wasu huɗu, na sa musu ja, aka ƙwaƙule aka gyara. Kamfani ya aika aka duba gine-ginen da ba a riga an rufe ƙarfensu ba. Tun daga ranar ban sake haɗa ƙarfe biyu da wuta ba, ni ɗan maƙera, kuma abin ya yi min ciwo fiye da yadda na nuna muku. Na yi shekara bakwai da akwatin nan a hannuna, har ranar da na bar aiki bai daina ba ni mamaki ba.

Saura tsofaffin ayyuka, na shekarun da ban san kunnena ya tafi ba. Waɗannan an ɗaga su sama, an zuba kankare, an rufe da silin. Na je na sami Muhandis a kan maganarsu. Ya ce in kwantar da hankalina, injiniyoyi kan ba kowace azara ƙarfin da ya ninka nauyin da za ta ɗauka, kuma wasu gaɓoɓin an duba su tun a lokacin. Na yarda da shi, mutum ne mai gaskiya. Amma a hanyarmu ta zuwa aiki akwai wani babban ɗakin sayar da kaya da muka yi wa ƙarfen rufi, wanda a da nake nuna wa sababbin zuwa ta tagar mota ina cewa aikina ne. Wata Asabar na sauka na shiga. Na tsaya a tsakiya na ɗaga kai, ban ga komai ba sai farin silin da fitilu. Na sauke kai, ga mata da kekunan sayayya, ga wani dattijo yana zaɓen dabino, ga ma'aikata suna jera kwalaye. Ba wanda ya kalli sama sai ni.

Har yau ban ji labarin wani gini da ya faɗi ba, Allah kuma ya sa kada in ji. Kuna tambayata me nake daɗewa ina roƙo bayan sallar Asuba, har shayi ya huce. Mutanen da ke ƙarƙashin waldata nake roƙa wa Allah ya tsare. In na riga ku tafiya, ku ci gaba da yi musu, ko sau ɗaya a rana. Ban san sunan ko ɗaya daga cikinsu ba.